Kelechi Osemele da Farashin Zama Katanga

Ranar 11 ga Oktoban 2020, a filin wasa na Arrowhead da ke Kansas City a Amurka, wani ƙato mai tsawon santimita 196 da nauyin kusan kilo 150 ya zube ƙasa ana tsaka da wasa, sai a kan mota aka fitar da shi. Da likitoci suka duba, suka tarar jijiyoyin gwiwoyinsa duka biyu sun tsinke. Sunansa Kelechi Osemele, ɗan asalin Najeriya haifaffen birnin Houston. Shekararsa 31 a lokacin, kuma tun daga wannan rana bai sake buga wasan gasa ba. Shekara huɗu kafin nan, shi aka zaɓa a matsayin gwanin gwanaye a gurbinsa a duk faɗin NFL, babbar gasar zari-rugar Amurka.

Mai karatu a Jekadafari ko Tumfure zai iya cewa ina ruwanmu. A gidajen kallonmu Arsenal da Barcelona ake musu a kansu, a filin Pantami kuma Gombe United ake zuwa gani. Wasan ƙarshe na wannan gasa, Super Bowl, sai sha biyu da rabi na dare agogonmu ake take shi, lokacin da mai gidan kallo ya daɗe da kashe janareto. To amma gasar ce ta tako da ƙafarta ta zo mana. Ta yi sansanin neman 'yan wasa na farko a Afirka a Ghana cikin Yunin 2022, ta yi a Kenya a 2023, ta yi a Legas a 2024. Cikin 'yan wasa takwas da ta raba wa kulob-kulob a 2023 ta shirinta na ɗauko baƙi daga ƙasashen waje, shida 'yan Najeriya ne. Kuma abin da take nema a nan ƙattai ne, samari dogaye masu faɗin ƙirji waɗanda ba su taɓa riƙe wannan ƙwallo mai tsini ba. Ko ba jima ko ba daɗe wani zai zo Gombe da awo da sikeli, ko kuma wani ya zo da sunan waɗancan ne suka aiko shi. Gara mu san sana'ar kafin ya iso.

Ra'ayina shi ne, a wannan sana'a girman jiki ne abu mafi araha. Abin da ya raba wanda ya ci moriyar jikinsa da wanda aka ci moriyarsa aka yar shi ne shekarun da ya yi yana koyo, da kuma wanda ke tsaya masa ranar da jikin ya gaza. Tarihin Osemele ya nuna duka biyun.

Bari in fara da aikin kansa. Kowane ɓangare na da mutum 11 a fili. Masu riƙe da ƙwallo suna da dama huɗu su ci yadi 10, in sun ci a sake ba su wasu huɗu. A gabansu mutum biyar ne ke jeruwa kafaɗa da kafaɗa: ɗaya a tsakiya mai miƙa ƙwallo ta tsakanin ƙafafunsa, biyu a damansa da hagunsa, biyu a gefe-gefe. Su ne 'yan katanga. Doka ta hana su cafe ƙwallon da aka jefo gaba, don haka mutum zai iya shekara goma yana wasa bai ci maki ko ɗaya ba. In za a ruga da ƙwallo, su ne ke ture abokan hamayya su buɗe wa mai gudu hanya. In jefawa za a yi, su ne ke ja da baya su tare masu kawo farmaki na daƙiƙa biyu da rabi zuwa uku, har mai jifa ya samu wanda zai jefa wa. Ana maimaita wannan karo sau sittin ko saba'in a wasa ɗaya. Ba a yarda ka cakumi rigar mutum ka riƙe shi ba. In ka yi, alƙalin wasa zai ambaci lambarka a lasifika a mayar da ku baya yadi 10. Sau da yawa wannan ne kaɗai lokacin da 'yan kallo ke jin labarin ɗan katanga.

Wanda ya kalli abin daga nesa sai ya ɗauka turereniya ce kawai. Amma kafin a miƙa ƙwallo, mutum biyar ɗin nan suna karanta yadda abokan hamayya suka tsaya, suna ƙirga su, suna kiran kalmomin sirri don a san wa zai tare wa. Abokan hamayya kuma suna yaudara: wanda ya nuna zai shigo sai ya janye, wanda ke can baya sai ya faɗo. In mutum ɗaya cikin biyar ya yi kuskuren lissafi, mai jifa ya sha ƙasa. Takun ƙafa na farko, inda za ka sa tafin hannu a ƙirjin mutum, yadda za ka sauke ƙugu ka shiga ƙarƙashinsa, duk abubuwa ne da ake maimaitawa dubban lokuta har jiki ya haddace ba tare da tunani ba.

Nan ne jami'a ta shigo. A Amurka ba a shiga NFL kai tsaye daga sakandare. Doka ta ce sai an shekara uku da gamawa, kuma kusan kowa a jami'a yake yin waɗannan shekaru. Osemele ya fara wasa tun yana makarantar Langham Creek a Houston, sannan Jami'ar Iowa State ta ɗauke shi a 2007. Shekararsa ta farko bai buga wasa ba, an ajiye shi yana atisaye yana ɗaga ƙarfe, kamar yadda ake yi wa akasarin 'yan katanga. Daga 2008 zuwa 2011 ya buga, har ya kafu a gefen hagu, gurbin da ya fi kowane nauyi, domin mai jifa na-hannun-dama yana juya wa wannan ɓangare baya, ba ya ganin abin da ke tahowa. Iowa State ba ta cikin manyan da ake tsoro. Amma a Nuwamban 2011 ta doke Oklahoma State, wadda ke matsayi na biyu a ƙasar, da ci 37 da 31 bayan ƙarin lokaci, kuma a wannan shekara aka zaɓi Osemele cikin zaratan rukuninsu na Big 12. Mu ƙirga: shekarun sakandare, sannan shekara biyar a jami'a ƙarƙashin koci na musamman da likitoci da masu tsara abinci, kafin a biya shi albashin farko.

Ba na yabon tsarin nan ido rufe. Shekaru da yawa jami'o'in Amurka suna cika filaye masu ɗaukar mutum dubu sittin zuwa dubu ɗari, gidajen talabijin suna zuba musu kuɗi, koci yana karɓar miliyoyin daloli, yaran da ake karya wa ƙashi kuma ladansu kuɗin makaranta da abinci da ɗaki. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Sai a Yulin 2021 aka yarda ɗalibi ya karɓi kuɗin talla da sunansa, sai a 2025 aka yarda jami'a ta biya shi kai tsaye. Ko a hakan ma, ɗalibin da ya shigo da bizar karatu daga waje hannunsa a ɗaure yake, domin bizar ta taƙaita masa aikin kuɗi. Kuma cikin kowane ɗari na masu buga wa jami'o'i, waɗanda NFL ke zaɓa ba su kai biyu ba. Duk da haka, wanda bai samu shiga ba yana iya fitowa da digiri a hannu. Wannan ba ƙaramin bambanci ba ne, zan kuma dawo kansa.

A zaɓen sababbin 'yan wasa na 2012, Baltimore Ravens suka ɗauki Osemele a zagaye na biyu, mutum na 60. Ya fara dukkan wasanni 16 na wannan kaka a gefen dama. Da aka zo wasannin sili-ɗaya-ƙwale sai aka mayar da shi ciki, hagun na tsakiya. Canjin gurbi irin wannan a ƙarshen kaka yana nufin sauya takun ƙafa da kusurwar hannu da irin mutanen da za ka kara da su, kuma yaron da ke shekararsa ta farko ya ɗauka ya zauna daram. Ranar 3 ga Fabrairun 2013 a New Orleans, Ravens suka doke San Francisco 49ers da ci 34 da 31, suka ɗauki kofi. Wanda ya yi shekara biyar a Iowa State ne zai iya wannan. Ƙarfi kaɗai ba ya yi.

Kakar da ta biyo baya sai bayansa ya motsa, aka yi masa tiyata, ya rasa fiye da rabin wasanni. Yana ɗan shekara 24 ke nan. Ya warke ya dawo, kuma da kwantiraginsa na farko ya ƙare, wanda gaba ɗayansa na shekara huɗu bai kai dala miliyan 4 ba, Oakland Raiders suka ba shi na shekara biyar a kan dala miliyan 58.5 a Maris na 2016. Ba a taɓa ba mai gurbinsa irin wannan kuɗi ba kafin nan. A wannan shekara katangar Raiders ce ta fi ta kowa tsare mai jifanta, sau 18 kacal aka kayar da masu jifansu a duk kakar, suka ci wasa 12 cikin 16, suka kai matakin sili-ɗaya-ƙwale, wanda rabonsu da shi tun 2002. Sai ga shi a jajibirin Kirsimeti, a wasa da Indianapolis, an ɓalle ta gefen hagu sau ɗaya, an faɗa wa mai jifansu Derek Carr, ƙafarsa ta karye. Aikin shekara guda ya rushe a daƙiƙa ɗaya. Haka sana'ar take: ka yi daidai sau dubu ba wanda ya gani, a kuskure sau ɗaya duniya ta sani.

Sai mu tsaya a kan wannan dala miliyan 58.5, domin irin wannan adadi ne ke yawo a waya yana hana samari barci. Kwantiragin NFL ba irin na ƙwallon ƙafar Turai ba ne da in an sa hannu sai an biya. Wani kaso kaɗai ake lamunce wa ɗan wasa, sauran kuwa kulob na iya soke shi duk ranar da ya ga dama. A na Osemele abin da aka lamunce bai kai rabi ba. Shekara uku ya yi musu, a Maris na 2019 suka tura shi New York Jets.

Abin da ya faru a New York shi ne ya sa na zaɓi wannan mutum a kan sauran. Wasa uku ya buga musu ya ce kafaɗarsa ta yage, ba zai iya ci gaba ba, yana son tiyata. Kulob ya ce tsohon rauni ne, likitocinsu sun duba, zai iya daurewa ya ƙarasa kaka. Ya je wajen wasu likitocin da ba na kulob ba, suka goyi bayan tiyata. Kulob ya fara cin sa tara saboda ƙin fitowa atisaye. Ya tsaya a kan bakansa, aka yi masa aikin a ƙarshen Oktoba ba da yardarsu ba, washegari suka sallame shi. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma a wannan sana'a likitan da ke duba ka, mai kulob ne ke biyan sa albashi.

Ku duba abin da Osemele ke da shi a hannu da har ya iya cewa a'a. Ɗan ƙasa ne, ba wanda zai soke masa biza. Yana da kuɗin da zai ga likitan da ya ga dama. Yana da wakili da lauya. Yana da ƙungiyar ƙwadagon 'yan wasa, wadda ta fito fili ta mara masa baya, aka shigar da ƙorafi. Yana da ilimin da zai karanta yarjejeniya ya san cewa neman ra'ayin likita na biyu haƙƙinsa ne a rubuce. Da duk wannan, aikinsa a Jets ya tafi. Yanzu ku cire waɗannan abubuwa ɗaya bayan ɗaya, ku sa yaron da ya taso a Bolari, wanda zamansa a ƙasar ya rataya a kan kulob, iyayensa kuma sun sayar da gona sun raka shi. Wannan yaro zai sha maganin kashe zafi ya koma fili, ya yi shiru.

Russell Okung, wani ɗan asalin Najeriya da ya taso a yankin Houston, ya bi ta wata hanyar ya iso wuri ɗaya. Daga Oklahoma State, Seattle Seahawks suka ɗauke shi mutum na shida a 2010, ya ci kofi da su a Fabrairun 2014. A 2016 ya ce ba ya bukatar wakili, ya zauna da kansa ya ƙulla yarjejeniya da Denver, wadda aka yi ta sukar sa a kanta saboda babu kuɗin lamuni a ciki. Bayan shekara ɗaya suka rabu, ya sake zama ya ƙulla wata da Chargers mai lamunin dala miliyan 25. A 2019 gudan jini ya toshe masa huhu, ya kusa rasa ransa. Bayan ya bar wasa ya sauke fiye da kilo 45, har mutane suka kasa gane shi a hoto.

Wannan ramewa ta bayan ritaya tana faɗa mana wani abu: nauyin nan na aro ne. Akasarin 'yan katanga ba haka Allah ya halicce su ba, ɗura suke yi dare da rana don su riƙe kilo 140 ko 150, kamar sa na turka da ake shirya wa kasuwa. Joe Thomas na Cleveland, wanda ya buga karo 10,363 a jere bai fita ba, shi ma da ya ajiye ya zube ya zama wani mutum daban. Gwiwa da baya da zuciya su ke biyan bashin. Akwai kuma zafi, wanda ya kamata mu a Gombe mu fi kowa kula da shi. Korey Stringer na Minnesota ya mutu ranar 1 ga Agustan 2001 saboda zafi ya bugi jikinsa a sansanin atisaye, yana ɗan shekara 27. Jordan McNair na Jami'ar Maryland ya mutu ta wannan hanya a Yunin 2018, yana ɗan shekara 19. Duka biyun 'yan katanga ne, domin babban jiki ba ya saurin huce zafi. In haka ta faru a inda ake da motar asibiti a bakin fili, me zai faru in wani mai son a sani ya tara ƙattai a fili cikin ranar Maris ko Afrilu a nan, lokacin da zafi ke kai maki 40?

Sai ƙwaƙwalwa. Mike Webster shi ne na tsakiya a katangar Pittsburgh Steelers da ta ci kofi huɗu a shekarun 1970. Bayan ya bar wasa hankalinsa ya rikice, dukiya ta tafi, har ya riƙa kwana a mota. Ya mutu a 2002 yana da shekara 50. Likitan da ya binciki gawarsa ɗan Najeriya ne, Dokta Bennet Omalu, ɗan Anambra, wanda ya yi karatu a Jami'ar Nsukka ya kuma yi aikin likita a Jos kafin ya tafi Amurka. Shi ya gano lalacewar da ke cikin ƙwaƙwalwar, ya wallafa bincikensa a 2005, ya danganta ta da yawan gwara kai. Likitocin NFL suka nemi a janye rubutun. A 2017 masu bincike a Jami'ar Boston suka duba ƙwaƙwalwar tsofaffin 'yan NFL 111 da suka rasu, suka samu cutar a 110. Gaskiya ne iyalan da suka ga alamu su ne suka fi ba da gawa, don haka adadin ba ya nufin kowane ɗan wasa zai kamu. Amma ɗan katanga ba sai an sumar da shi ba. Ƙananan karo ne, kai da kai, a kowane miƙa ƙwallo, a wasa da atisaye, shekara da shekaru. Abin alfahari ne a gare ni cewa ɗan ƙasarmu ne ya fara faɗa wa Amurka wannan gaskiya, kuma zai zama abin kunya mu tura 'ya'yanmu ba mu faɗa musu ita ba.

Yanzu ga gajeriyar hanya. Osi Umenyiora, wanda ya ci kofi biyu da New York Giants, shi ne ya fi kowa ƙoƙarin buɗe wa 'yan Najeriya ƙofa ta shirinsa na Uprise, kuma ban ga dalilin zargin niyyarsa ba. Ta hannunsa Giants suka ɗauki Roy Mbaeteka a Afrilun 2022, saurayi mai tsawon fiye da mita biyu wanda bai taɓa buga wasa na haƙiƙa ba. An yi ta murna. Amma a wannan kaka da ta bayanta, a New York da Chicago, bai buga wasan gasa ba. Chukwuebuka Godrick yana tare da Kansas City lokacin da suka ci kofi a Fabrairun 2024, amma a rukunin 'yan atisaye. Hangen Dala ba shiga birni ba ne. Kada kuma a ce na raina abin: ɗan atisaye a 2023 yana karɓar aƙalla dala 12,000 a mako, kuma duk mun san abin da wannan zai yi a gida irin namu. Sai dai ana iya sallamarsa ranar Talata ba gargaɗi, fansho kuma sai wanda ya cika kaka uku a cikin 'yan wasan ainihi. In an sallame shi yana ɗan shekara 25 da gwiwa mai ciwo, babu digiri, me ya dawo da shi?

Masu kare gajeriyar hanya suna kafa hujja da Jordan Mailata, ɗan Ostireliya, kuma hujja ce mai ƙarfi. Philadelphia Eagles sun ɗauke shi a zagayen ƙarshe na 2018 bai taɓa wasan ba, ga shi ya zama ɗaya daga cikin gwanayen gefen hagu, ya ci kofi a Fabrairun 2025. Amma Mailata ya taso yana buga zari-ruga irin ta ƙasarsu, ya saba da karo, sannan ya yi shekara biyu cur a hannun koci Jeff Stoutland bai buga wasan gasa ba sai a 2020. Kulob ne ya zama masa jami'a, kuma kulob kaɗan ne ke da wannan haƙuri. 'Yan Najeriyar da aka haifa a gida suka kuma tsaya da ƙafarsu a katanga, irin su Chukwuma Okorafor da ya yi shekaru a Pittsburgh da Prince Tega Wanogho, ta sakandare da jami'ar Amurka suka bi, ɗaya Western Michigan, ɗaya Auburn.

Wanda ya bi sunayen nan da na sauran 'yan katanga 'yan asalin Najeriya zai lura da wani abu: Osemele, Okung, Okorafor, Ekwonu, Fashanu, Oluwatimi. Duk daga Kudu. Dalili na farko ƙaura ce. Iyayensu ne suka tafi irin su Houston da Maryland karatu da aiki, 'ya'yan suka taso a makarantun da ke da fili da koci. Na biyu, masu neman 'yan wasa a inda jirgi ya sauke su suke tsayawa. Na uku shi ne mai zafi. Binciken lafiya na ƙasa na 2018 ya nuna kusan rabin yara 'yan ƙasa da shekara biyar a Arewa maso Gabas ba su kai tsawon da ya dace da shekarunsu ba saboda ƙarancin abinci mai gina jiki. Wannan a yankin da ke noma wake da masara da waken suya, yake loda su a manyan motoci daga Tudun Hatsi zuwa Kudu. Tsawon da masu awo ke nema ana yanke hukuncinsa ne tun yaro yana goye.

Duk da haka muna da abin da Legas ba ta fi mu ba, wato kokawa. Koci-kocin Amurka sun daɗe da sanin cewa ɗan kokawa shi ne ya fi saurin zama ɗan katanga, domin ilimin ɗaya ne: sauke ƙugu, shiga ƙarƙashin mutum, yaƙin hannu, jin inda nauyin abokin karawa ya karkata. Stephen Neal bai buga zari-ruga a jami'a ba ko sau ɗaya. Zakaran kokawa ne na jami'o'in Amurka, ya doke Brock Lesnar a wasan ƙarshe na 1999, ya zama zakaran duniya a wannan shekara, daga baya ya koma katangar New England Patriots ya ci kofi uku. Tristan Wirfs na Tampa Bay zakaran kokawa ne na sakandare a jihar Iowa. Abin da ake yi a dandali bayan girbi a ƙauyukanmu, da abin da ake cika fili a kansa a Nijar lokacin gasar takobi da irin su Issaka Issaka suka yi suna a cikinta, shi ne tushen da waɗancan ke kashe kuɗi su koyar.

Saboda haka in gwamnatin Gombe ko wani mai hali yana son ya yi wa manyan yaranmu wani abu, ba sai ya sayo hular kwano da sulke ba. Ya mayar da kokawa cikin makarantun sakandare, da rukunin nauyi, da alƙalai, da gasa tsakanin makarantu daga Nafada zuwa Kaltungo, a kuma ɗaura ta da zuwa aji: wanda bai ci jarrabawa ba ba ya shiga fili. Bayelsa ta yi haka da kokawarta ta gargajiya ƙarƙashin jagorancin Daniel Igali, wanda ya ci wa Kanada zinare a 2000, kuma daga can Blessing Oborududu ta fito ta ciyo wa Najeriya azurfa a gasar Olamfik ta Tokyo. Yaron da ya bi wannan hanya yana da ƙofa uku ko huɗu a gabansa: kokawar zamani, jifan dalma, ƙwallon kwando irin na Gombe Bulls in dogo ne, sannan zari-rugar Amurka in rabo ya kai shi. Yana kuma da takardar sakandare mai kyau, wadda babu jami'ar Amurka da za ta ba shi tallafin karatu ba tare da ita ba. Nau'in wasan da ake yaɗawa yanzu a makarantun Najeriya, na fizge ƙyalle daga ƙugu, wanda za a buga a Olamfik ta 2028 a Los Angeles, abu ne mai kyau ga yara maza da mata, amma babu ture-ture a cikinsa, don haka ba ya koya wa ƙato komai game da katanga.

Muna da Jami'ar Jihar Gombe da ta Tarayya a Kashere, muna da Asibitin Koyarwa na Tarayya a cikin gari. Duk wani sansanin awo da za a yi a jihar nan, ya kamata hukumar wasanni ta ce sai da likita daga can, sai an auna zuciya da hawan jini, sai da baho cike da ruwan ƙanƙara a gefen fili, domin tsoma mutum cikin ruwan sanyi nan take shi ne maganin bugun zafi, sai kuma a yi shi da sassafe ko bayan la'asar. Uban da aka zo wa da maganar ɗansa kuwa, ya tambayi sunan makarantar ya sa a bincika masa ita, ya tambayi a gidan wa yaron zai kwana, wa zai riƙe fasfo ɗinsa, wa zai biya asibiti in ya ji rauni, wa zai biya kuɗin jirgin dawowa. Jaridun Amurka sun sha bankaɗo labarin yaran Afirka da aka kai da sunan ƙwallon kwando aka cunkusa su a ɗaki ɗaya aka watsar. Shirin NFL na gaskiya ba ya sayar da gurbi, kuma tun Yulin 2025 da Amurka ta rage akasarin bizar 'yan Najeriya zuwa ta wata uku mai shiga ɗaya, duk wanda ya ce yana da hanya ta musamman in an ba shi kuɗi, a kai maganarsa wajen 'yan sanda.